Mai Raba Tuffa a Tashar Omaha

A tashar jirgin ƙasa, Delbert na tsaye da jakarsa yana kallon wata dattijuwa. Siririya ce, rigar sanyinta ta koɗe, hannuwanta sun yi kanta, da alama gona ce ta cinye su. A ƙirjinta akwai ɗan tauraron zinariya, irin wanda uwa ke maƙalawa idan ɗanta ya kwanta dama a yaƙi. Tana bin masu kaki ɗaya bayan ɗaya, tana miƙa musu tuffa daga kwando.

Shi ma kakin ne a jikinsa, amma hular kwano ta wasan ƙwallon Amurka ce a jakarsa. Abokan horonsa duk sun haye teku zuwa fagen yaƙi. Shi kuwa kwamanda ya riƙe shi a ƙungiyar ƙwallon barikinsu, don in ya rungumi ƙwallo ya zura da gudu babu mai cim masa. Wasa za su je yi da ƙungiyar sojojin ruwa.

Ta iso gabansa, ta miƙa masa tuffa, ta gyara masa wuyan riga.

"Ina za a kai ku, ɗana?"

Ya mayar da jakarsa bayansa. "An hana mu faɗa, Mama."

"To, in ana harbi ka riƙa sunkuyawa. Nawa ma dogo ne kamarka."

Har jirgi ya tashi tuffar na hannunsa, ya kasa kai ta baki.