Ranar da Na Tsare Ƙofar Kaka

Wata Asabar ce da kakar acca, a shekarar da motoci suka koma bin hannun dama, wata farar mota ta tsaya a gindin ɗorawar gidanmu a Kagoro. Mutum biyu daga Kaduna suka sauke na'urar ɗaukar hoto mai ƙafa uku, suka ce sun zo ɗaukar mata suna surfe. Kafin baƙin su gama shan ruwa, iyayenmu mata sun sa kayan zuwa majami'a, sun jeru a bakin turame kamar masu jiran fasto.

Kakata kuwa ba ta taɓa yarda da zane ba, ganye take ɗaurawa yadda ta taso. Ita ce kuma mai ba da waƙar surfe, in ta ɗaga murya taɓare duk sai su bi ta. Baba ya kai ta ɗakinta na bayan rumbu, ya ja ƙyaure, ya ce mini, "Ladi, zauna nan. Kada ta fito ta ba mu kunya." Na zauna, ina jin ta daga ciki tana cewa, "Yarinya, wa ke ba su waƙa? Taɓaren nan sun rikice." Bulus, ɗan maƙwabtanmu da muke korar tsuntsaye tare a gona, ya zo ya ce in buɗe mata. Na ƙi, don tsoron bulalar Baba. Damina na zagayowa Kaka ta rasu da waƙoƙinta.

Bulus ɗin nan shi na aura. Ya ƙare rayuwarsa yana bin ƙauyuka da na'ura a kafaɗa, yana ɗaukar tsofaffi yadda ya same su, kuma kafin ya gaisa da kowa sai ya ce, "Don Allah kada wanda ya canja kaya." Fim ɗinsa na waƙoƙin surfe ya ci lambar yabo, ga ta can a bango, ban iya karanta abin da ke jikinta ba. Bai taɓa yi mini gorin ranar nan ba.

Bara ya rasu. Ina faɗin wannan jikata na rubutawa, hawaye na hana ni magana. Yanzu inji ke surfe, babu mai waƙa. Jikar tawa takan kunna mini fim ɗin a waya. Fuskarsa ba ta ciki, sai muryarsa daga bayan na'ura yana cewa, "Kaka, sake rera mana." Kakannin mutane duk suna amsa masa. Tawa ce kaɗai babu, kuma ni na tsare ƙofar.