Neman Bahaushiya Tsantsa a Cikin Birni

Dakta, malamin da ke duba kundina a jami'a, ya soke mini tatsuniyoyi goma sha tara da jan biro cikin minti huɗu. Na duba agogo. Ni kuwa wata bakwai na yi ina tara su daga bakin Gwaggo Yagana, ƙanwar mahaifina, ina ɗauka a waya, ina kwafewa da hannun da bai koyi riƙon biro ba sai da ya shekara talatin da takwas a duniya. Laifinsu ɗaya. A fom ɗin masu ba da bayani akwai gurbin asalin kakanni, ni kuma na rubuta gaskiya, cewa kakan Gwaggo daga Borno ya zo da fataucin kanwa.

"Malama Rabi, taken kundinki tatsuniyoyin matan Hausawa ne na cikin birni," in ji Dakta. "Wannan Babarbariya ce. A ilmance, abin da ta ba ki zai iya zama aro, kuma mai jarrabawar da zai zo daga waje sai ya tambaya. Ki samo Bahaushiya tsantsa, kakanni huɗu, kafin azahar ɗin Alhamis. In ba haka ba, sai baɗi."

Baɗi ina da shekara hamsin da uku. Gwaggo a cikin ganuwa aka haife ta, ba ta taɓa wuce Wudil ba, Barbarcin da ta iya bai fi gaisuwa ba. Tun ranar da aka ɗauki hotonta don kundin take tambayata yaushe za a ɗinke littafin ta ga sunanta. Ban gaya mata an soke ba. Nawa asalin Dakta bai tambaya ba, kuɗin makaranta dai an karɓa.

Ga yadda tafiyar ta kasance ranar Laraba, don matan ajinmu da za a aika irin wannan aike.

Goron Dutse, shida saura kwata

Na fito bayan asuba, saboda tsohuwar cikin birni in ba ka kama ta da sassafe ba, ta tafi suna ko gaisuwar mutuwa. A jakata akwai fom huɗu, goro, sabulu, da alkakin da na yi da kaina, don sana'ata ke nan. Maƙwabta sun ba ni sunayen tsofaffi uku da aka sani da tatsuniya. Na ɗauki shatar adaidaita sahun Malam Buba, yini guda dubu goma sha biyu, mai nasa. Dattijo ne, Bafulatani, mutumin ƙauyen Gaya. Kafin mu kai titi na ba shi labarin.

"Ashe baiwata na ɗauko!" ya ce. "Barebari a bayan keke, Fulani a gaba. Duniya ta daidaita."

"Tuƙa, bawan kakana. Ka iya Fillancin ma?"

"Na iya gaisuwa."

"To kai da Gwaggo ajinku ɗaya."

Jakara, shida da minti goma

Keke bai shiga lungun ba. Malam Buba ya tsaya a bakin kwata, na taka kamar taku ɗari biyu. Iya Abu tana kan tabarma da carbi, jikarta matar aure tana soya ƙosai. Na ba da goro, na faɗi abin da ya kawo ni. Na yanke shawarar tatsuniya ɗaya zan riƙa nema a ko'ina don in gwada: ta yarinyar da aka aika maƙwabta ɗebo wuta, ta tarar ta kowa ta mutu, ta yi ta tafiya har gari bakwai.

"Tatsuniya da rana?" in ji Iya Abu. "An ce mai yi ɓata yake. To ni shekara uku rabona da ƙofar gida, in ɓata ina? Kunna abar taki."

Ta yi ta cikin minti goma sha shida, da waƙarta. A wajen Gwaggo, yarinyar dunƙulen kanwa ta rarake ta sa garwashin a ciki. A wajen Iya Abu kuwa a tukunya ta sa, ta ɗora a ka, ta haye kogi a kwalekwale. Na fito da fom. Kakan wajen uba, Bakano. Matarsa, Bakanuwa. Kakan wajen uwa, Bakano. Saura gurbi ɗaya.

"Kakarki ta wajen uwa fa, Iya?"

"Allah ya jiƙan Nna. Banufiya ce, daga Bida aka auro ta. Ita ta koya mini wannan ɗin."

Na rubuta. Na sayi ƙosan ɗari uku. Mun tashi bakwai da rabi.

Bayan Kurmi, takwas da minti ashirin

Tafiyar minti goma ce, ta ci mana hamsin. An kafa rumfar biki a tsakiyar hanya, muka juya, muka faɗa bayan masu turin kura ɗauke da buhunan tsamiya. Malam Buba ya yi musu oda sau uku, babu wanda ya waiwayo.

Hajiya Tasalla tana asibiti ganin likitan ido. Na jira a tsakar gida har sha ɗaya saura. Da ta dawo, ido ɗaya a ɗaure, sai da ta ci alkakina biyu kafin ta yi magana.

"Zumar ta yi kaɗan. Me aka ce kina nema?"

"Bahaushiya tsantsa, Hajiya."

"Kin zo gida. Mu ne birnin. Wa ya isa ya nuna mana Kano?"

A tata tatsuniyar babu kogi ko ɗaya. Rairayi ne kwana da kwanaki, yarinyar kuma a busasshen kashin raƙumi ta riƙe wutar, in ɗaya ya kusa cinyewa ta kunna wani. Ta fi ta Iya Abu tsawo, waƙar iri ɗaya ce in ban da amshi. Da muka zo kan fom ban wahala ba, a layin farko aka gama. Kakanta da ayarin gishiri ya zo daga Agadas, ya sauke kaya, ya ga wata yarinya a bakin rijiya, raƙuman suka koma babu shi.

"Hajiya, a wajen malaminmu wannan ba ta cika tsantsa ba."

Ta kalle ni da idon da ya rage. "Malamin naku ɗan wace unguwa ce?"

"A bayan gari yake zaune."

"Na ji alama."

Ƙofar Wambai, sha biyu da kwata

Tsohuwa ta uku ta rasu tun kafin azumi, maƙwabtana ba su ji ba. Na shiga na yi gaisuwa, na bar sabulu. Muka yi azahar, muka zauna a bencin wata mai gurasa kusa da masu robobi. Gurasa bandashe ta ɗari biyar biyar, ruwan leda biyu. Malam Buba ya ɗaga tasa yana dubawa.

"Ci da sauri, Malama. In Dakta ya gani zai soke ta, ta Larabawa ce."

Ban yi dariya ba. Sunayena sun ƙare, fom biyu sun lalace, saura yini ɗaya. Mai gurasar, wadda ta ji komai ba tare da an gayyace ta ba, ta ce in dai asali nake nema in tafi gindin Dala, gidan maƙera, in ce Inna Kande. "Waɗannan ko dutsen a nan ya same su."

Ƙofar Ruwa zuwa Dala, biyu zuwa huɗu saura

Malam Buba ya ce ta Ƙofar Ruwa za mu zagaya don gudun cunkoso. A can muka tarar da babbar mota ta gindaya tana sauke rodi. Minti arba'in da biyar. Na kirga sandunan har ɗari da wani abu, na bari. Duk mai zuwa Dala daga Wambai ranar aiki, kada ya bi shawarar Bafulatani.

Gidan ba ya ɓata, ƙarar guduma ce ke kai mutum. Inna Kande ƙaramar tsohuwa ce, kunnenta ɗaya ya yi nauyi saboda maƙera. Wannan karon da fom na fara. Ta lissafo kakanni huɗu da sunayensu da sana'arsu da inda aka binne kowanne, ta ƙara da iyayen kakannin ba a tambaye ta ba. Babu Bida, babu Agadas, babu Borno. Na sake tambaya ta wata fuskar, amsa ba ta canja ba. Na ce alhamdu lillahi a fili.

Sai ta fara tatsuniyar. Daga gari na uku ta yi tsalle zuwa na bakwai. Waƙar ta manta rabinta, ta cike da hamma. Da aka zo wajen wuta, yarinyar ta sami dunƙulen kanwa ta rarake.

Na kashe waya. "Inna, a wajen wa kika koya?"

"Mu gidanmu ba a tatsuniya, 'yar nan, da magariba kowa ya gaji. Ina amarya muka yi zaman gida ɗaya da wata Yagana a Goron Dutse. Wannan mata akwai baki! Duk abin da na iya nata ne. Ko tana raye?"

"Ita ta dama mini koko yau da asuba. Gwaggona ce."

Ta rungume ni, ta yi kuka kaɗan, ta tambayi mutum shida waɗanda biyar sun rasu. Daga nan na gaya mata komai, da ƙarfi, a kunnen da ke ji. Ba ta ga abin damuwa ba.

"Yo wannan ai mai sauƙi ne. Ki sa sunana a kan duka sha taran. Ba nata na iya ba? Kawo in dangwala."

Na miƙa fom. Ta dangwala da tawadar biro da na shafa mata a yatsa. Ta ƙulla goro huɗu a leda, ta ce in kai wa Yagana, in ce Kande ta maƙera tana gaisuwa.

A keke Malam Buba ya ce, "Shi ke nan, baiwata ta ci jarrabawa. Dakta ya sami tsantsarsa, tatsuniyoyi ba su yi asara ba, wa aka cuta?" Lissafinsa kuwa daidai ne. Shekara goma sha huɗu na yi ina hawa wannan tsani, daga ajin yaƙi da jahilci inda muke zama a bencin 'yan firamare gwiwa na taɓa haɓa. Takardar da za ta kai ni ƙarshe tana cikin jakata, da dangwale a jiki.

Gida, shida da minti biyar

Mun iso lafiya, na sallami Malam Buba. Na gode wa Allah da ya kai mu ya dawo da mu. Na gode wa Iya Abu da Hajiya Tasalla da Inna Kande, da mai gurasar da ban tambayi sunanta ba, Allah ya saka musu. Tafiyar duka ba mu fita daga ganuwa da nisa ba, amma ƙafata ta kumbura.

Goron ne ya tona ni. Ba a riƙe saƙon gaisuwa, kuma ba yadda zan ce na ga Kande ba tare da na faɗi abin da ya kai ni ba. Gwaggo tana tsintar shinkafa a faranti, na zauna na zayyana mata tun daga jan biro.

"Kande," ta ce. "Har yanzu tana tsallake gari uku?"

"Tana tsallakewa."

Ta ci gaba da tsinta. Can ta ce, "To ni mece ce, in ji malamin?"

"Babarbariya."

"Ikon Allah. Shekara tamanin ba wanda ya aiko mini daga can." Ta fitar da tsakuwa ɗaya ta ajiye a gefe. "Ki sa sunan Kande. Ke kika sha wahalar bokon nan, ba ni ba. Hoton dai ki dawo mini da shi, kada a manna shi a kan sunan wata."

Ba ta ɗago ba da ta faɗa. Na san Gwaggo shekara hamsin da biyu, ban taɓa jin ta nemi a dawo mata da abin da ta bayar ba.

Alhamis, bakwai daidai

Bayan asuba na yage takarda na rubuta sabon take: yadda tatsuniya ɗaya ta zaga gidaje huɗu na cikin birni, da abin da kowane gida ya sa mata. Na jera fom huɗu, kowacce da sunanta da kakanninta yadda suke, na Gwaggo a sama da sha taranta. Dakta zai iya karɓa, zai iya cewa sai baɗi. Amma ba ni zan ɗauko wannan amsar in kawo gida ba. Na kira Malam Buba, na shiga ɗakin Gwaggo na ce ta shirya, za ta je ta yi wa malamin tatsuniyar da bakinta, in ya ji ya maimaita a gabanta abin da ya faɗa mini.

 Sai ta buɗe akwati ta ciro mayafinta na zuwa biki.

"Ofishin nasa a bene yake?"

"Hawa biyu, Gwaggo."

"To miƙo mini sandata."