Sai Baɗi

Yayana, Allah ya jiƙansa, ya ƙare ƙuruciyarsa yana koyar da ilimin tsirrai a sakandare, amma har yau in na haɗu da tsofaffin ɗalibansa ba mai kiran sunansa. Sai Baɗi suke cewa. Shi ya jawo wa kansa. Ka ce ya gyara rufin da ke yoyo, sai baɗi. Ka ce ya canja tabarau, sai baɗi. Abu ɗaya ne bai taɓa ɗagawa ba, shi ne shukar shuɗiya.

Yana cikin wata ƙungiya da suke kira Masu Riƙon Iri, tsofaffin malamai da masu lambu da ke haɗuwa a ɗakin ajiya na bayan laburare, kowa da ƙasa a ƙarƙashin farce. Kowannensu yana riƙe da tsiro guda da ya ɓace a gona da daji. Ni dai tsiya nake musu, ina cewa ban taɓa ganin ƙungiyar da duk dukiyarta tukwane ba. Dokarsu biyu ce. A shuka duk shekara, kuma kafin ƙarfi ya ƙare a damƙa wa wani, hannu da hannu.

Rabon Yaya shi ne shuɗiya, wata 'yar yaɗo mai fure shuɗi da a da take fitowa a wani kwari, kafin a yi madatsar ruwa ta haɗiye wurin. Irinta ba ya jure ajiya. In ya wuce shekara ba a sa shi a ƙasa ba, ya mutu. Wani tsohon malaminsa ne ya damƙa masa, shi ma wata ce ta damƙa masa, haka abin ya taho tun kafin a haife mu.

'Yarsa ɗaya ce, muna kiranta 'Yar Buta, domin tun tana tatata take bin sa lambun bayan gida da butar ban ruwa. Duk ɗalibansa ba wanda ya kai ta son abin. Sai dai wata rana, tana ƙarama, ya yi tafiya, ta ga ganyen ya yi laushi, ta dinga ɗura wa tukunya ɗaya ruwa har saiwar ta ruɓe. Tukunya ɗaya fa, sauran na nan lafiya lau. Bai dake ta ba, kuma da dukan ya yi da ya fi. Cewa kawai ya yi, "Hannunki ya cika ruwa." Daga ranar bai sake barin ta ta taɓa ba.

Ta girma, ta zama ma'aikaciyar jinya, ta yi aure, ta koma wani gida a saman bene. Duk farkon damina sai ta zo ta tsaya daga bakin ƙofa tana kallonsa yana shuka.

"Baba, ko ƙwaya biyu ka ba ni in gwada."

"Sai baɗi, 'Yar Buta."

Shugabar ƙungiya ta yi magana kan ya damƙa wa wani har ta gaji. An kawo masa tsohon ɗalibinsa, ya ce gaggawa ta yi masa yawa. An kawo maƙwabci, ya ce mai awaki ne. Ni kam ban iya ɓoye-ɓoye ba. Na ce, "Yaya, wadda asibiti guda ya yarda ta riƙe jarirai, kai ka hana ta riƙe ciyawa?" Ya yi dariya ya ce jariri ai yana kuka in ruwa ya yi masa yawa. Raina ya ɓaci, amma na san ba mugunta ba ce. Tsoro ne. Gani yake in abin ya mutu a hannun 'yarsa, shi za a ce ya kashe.

A shekarar da ciwon shanyewar jiki ya kayar da shi, hadarin farko bai daɗe da haɗuwa ba. Bakinsa ya rufe, idonsa ya dushe. Irin yana nan cikin gwangwanin madara a saman kabad ɗinsa. Na ɗauko na kai wa 'Yar Buta a barandar asibiti.

"Ki shuka, ba mai ce miki komai."

Ta ɓoye hannuwanta a aljihun riga. "Gwaggo, bai ba ni ba. In na shuka ta mutu, hannuna ne kuma."

Babbar mace, da 'ya'yanta, tana tsoron maganar da aka faɗa mata tana yarinya. 'Yan ƙungiya ma suka ce doka ta hana su taɓa abin da mai shi bai miƙa ba. Damina ta zo ta wuce, gwangwani na kan kabad.

Da bakinsa ya buɗe, gidanta aka kai shi. Abin da ya fara tambaya gwangwanin ne. Ya sa ta zauna a gabansa, ya zuba mata irin a tafin hannu, ya naɗe yatsunta da hannunsa mai lafiya, ya faɗi abin da 'yan ƙungiya ke faɗa: "Na riƙe iyakar riƙona, ga naki." Duk mun san irin ya wuce lokacinsa, ba dai wanda ya furta.

A tsohon bokitin fenti ta shuka, a baranda, kusa da igiyar shanya. Da cokali take auna ruwan. Aka yi ta jira. Can sai wani abu kore ya leƙo, ya yi ganye. Ni da ban san komai ba na gane ciyawa ce, irin wadda ke fitowa a bakin kwata. Ta roƙe ni kada in faɗa, tunda ba ya gani.

Muka tura shi a keken marasa lafiya zuwa baranda. Ya lalubi bokitin, ya murza ganyen a hankali, ya kai yatsunsa hanci. Sannan ya tura yatsa cikin ƙasar, ya daɗe bai cire ba.

"Wa yake ba ta ruwa?"

"Ni ce, Baba."

"Daidai ne. Bai yi yawa ba, bai yi kaɗan ba." Ya goge yatsan a gwiwarsa. "Wannan ba shuɗiya ba ce, kin sani, na sani. Amma hannunki ba shi da laifi, 'Yar Buta. Tun da can ma ba shi da laifi. Ni na makara."

Bai ga wata daminar ba. 'Yan ƙungiya sun zo gaisuwa, suka ce in tana so za su ba ta wani tsiron ta riƙe. Ta yi godiya ta ce tana da nata. Bokitin na nan a barandarta, ciyawar ta cika shi har ta zubo, kuma kullum kafin ta tafi aiki sai ta auna mata ruwa da cokali.