Kabewar da Ta Kori Kaka Delu

A gidanmu, wannan abu mai ruwan ɗorawa da dogon wuya kamar ludayi, wanda ake jibgewa a kantunan Greensboro, nan Amurka, lokacin zafi, sunansa ci-da-wuri. Yaran da aka haifa a nan suna ce masa sikwash, manyanmu 'yan Nijar da suka yi lakwal, wato boko, kuma su ce kurjet, har da murɗa baki. Ni dai ci-da-wuri na sani. Ma'anarsa ba wuya: abu ne da ake tsinka tun yana ɗanye shataf, fatarsa na karɓar farce, a yanka a soya ko a jefa a miya. In aka bar shi ya girma, an yi asara. Kakata ce ta raɗa masa sunan, Kaka Delu uwar mahaifina, kuma ba cikin daɗin rai ta raɗa shi ba. Har yau in na tuna dalili sai raina ya ɓaci.

Ina 'yar shekara tara ko goma aka kawo ta daga ƙauyenmu na wajen Maradi. Mama na da ciki kuma tana aiki a gidan kula da tsofaffi, Baba yana lodin kaya a wani kamfanin kujeru, don haka ana bukatar mai zama da ni da ƙanena Sani. Gidan haya ne a East Greensboro, da ɗan fili a baya da shingen waya. Hunturun da ta tarar, Kaka a gaban taga ta cinye shi. Matar da ke noma gonar gyaɗarta da hannunta, in ta nufi murhun lantarki a ce, "Inna ki huta." In ta ɗauki tsintsiya, "Inna ki huta." Wallahi na tsani kalmar nan. Hutun me, mutum da ƙarfinsa?

Da gari ya yi ɗumi sai ta ƙwace murhun gawayin da Baba ke gasa nama a bayan gida. Bayan magariba ta hura shi, ta jera masara, mu zauna a kan tabarmar roba muna korar sauro. Ta gyara ɗaurin kallabi ta ce, "To, ga wata nan tafe, wa zai buɗe mata ƙofa?" Mu ce mu ne. Sani yakan amsa da Turanci, ta ɗaga masa mafici ta ce, "Ji min marowacin miji, ko gaisuwar kirki bai iya ba." Ni kuwa Uwar-magana take ce min, don bakina ba ya shiru. A wurin wutar nan ne kaɗai ba wanda ke ce mata ta huta.

Maƙwabciyarmu ta bayan shinge wata tsohuwa ce baƙar fata, Mis Lusil, mai lambu. Ita da Kaka ba mai jin yaren wata, amma kullum da safe sai sun tsaya sun yi ta nune-nune da hannu suna dariya. Wata rana ta miƙo mata tsire-tsire a 'yan kofunan roba. Kaka ta shafa ganyen, ta shinshina, fuskarta ta washe ta ce, "Kabewa." Ta dasa su a gindin shinge, tana ba su ruwan wanke shinkafa, tana korar Sani da ƙwallonsa. Suka yi fure, suka zuba 'ya'ya.

A bakin Kaka, kabewa abu ɗaya take nufi. Ita ce wadda ake bari a jikin uwarta har ɓawonta ya yi tauri, kararta ta bushe, sannan a cire a ajiye a kan ɗaki ta kai rani. Mai tsinkar kabewa ɗanya, a wurinta, ko ɓarawo ne ko mara hankali. Sai ta kafa doka kada wanda ya taɓa. Kuma duk matar da ta zo gaishe ta sai ta kai ta bayan gida ta nuna mata, ta ce ranar suna in Allah ya sauki Mama lafiya za a ci waina da miyan taushe na kabewar gonarta. Maganar ta zaga duk gidajen 'yan garinmu da ke High Point Road.

Mis Lusil ta ga abin yana ta ƙato yana rikiɗa, hankalinta ya tashi. Ta yi ta nuna wa Kaka alamar tsinka da hannu, Kaka na girgiza kai tana dariya tana cewa, "Haƙuri, ƙawata, da saura." Rannan da yamma Mis Lusil ta kama Baba a bakin shinge, a gabana, ta faɗa masa dalla-dalla: wannan ba irin ta ajiya ba ce, a cire yanzu, in ta tsufa ba ta ciwuwa kuma uwar ma za ta daina haihuwa.

Kaka ta tambayi Baba, "Mi ta ce?"

Ya sunkuyar da kai ya ce, "Cewa ta yi shukarki ta yi kyau, Inna."

Na ce, "Ba haka ta ce ba. Cewa ta yi a cire, za ta lalace."

Mama na tsaye a bayana da cikinta, ta kama min cinya ta murɗe har sai da hawaye ya zo min. Baba ya yi 'yar dariya ya ce wa Kaka, "Rabu da ita, Inna, Hausarta ba ta nuna ba, ta juya maganar." Kaka ta dube ni ta ce, "Uwar-magana ke nan." Da muka shiga ɗaki Mama ta ce in na sake ƙaryata ubana a gaban uwarsa sai ta fasa min baki. Wai ɗa ba ya gyara wa mahaifiyarsa, suruka kuma ba ta da fuskar da za ta ce wa uwar miji ta yi kuskure, kunya ce. To kunyar ta hana su faɗin gaskiya, amma ba ta hana su mai da ni maƙaryaciya ba. Wannan abu ya tsaya min a wuya.

Aka haifi ƙanwata a ƙarshen lokacin zafi. Ranar suna da sassafe Kaka ta cire kabewarta. Sun zama manya, jikinsu duk ƙuraje, wuƙa ta ƙi shiga sai da ta ɗauko addar Baba. Da ta fasa, ciki ba komai sai manyan ƙwayoyi da zare-zare kamar soso. Ta daɗe tana kallo. Sai ta ce ƙila ƙasar nan ce ba ta da ƙarfi. Ta kankare abin da ta samu, ta ƙara gyaɗa da alayyafo da daddawar da ta zo da ita daga gida, ta tsaya a kan tukunya tana ta fama. Miyar ta fito tsararo, amma ta yi iyakar yinta.

Anti Rakiya, aminiyar Mama, ita ke kula da rabon abinci. Ta ce, "Inna je ki zauna cikin baƙi, mu za mu zuba." Kaka ta sa sabon zanenta ta zauna a falo. Can sai mata suka fara zuwa suna durƙusawa. Wannan ta ce, "Inna, hannunki da albarka." Waccan ta ce rabonta da taushe irin wannan tun tana gida. Na ga Kaka tana murmushi, har tana cewa ai kabewar ba ta ba ta yadda take so ba. Sai wata baƙuwa, cikin kirki, ta zubo mata nata a faranti. Kaka ta gutsiri waina ta dangwala ta kai baki. Loma ɗaya ta yi. Miya ce mai kauri, ja, mai zaƙi-zaƙi, ba ko ƙanshin daddawarta.

Ta tashi, ta ja hannuna muka shiga kicin. Tukunyar da ake zubawa daga ciki ba tata ba ce. Muka sami tata a ɗakin wanki, a kan injin, an rufe ta da tawul, cike fal yadda ta sauke ta. Ashe tun makonni Baba da Mama suka shirya da Anti Rakiya ta dafo wata a gidanta da kabewar gwangwani, a shigo da ita ta ƙofar baya. Kowa a gidan ya sani. Rabin matan da ke durƙusawa suna yabo ma sun sani.

Kaka ta ja ni har bakin shinge ta ƙwala wa Mis Lusil kira. Ta ce min, "Ki tambaye ta abin da ta faɗa rannan, ki faɗa min duka, kada ki rage." Na tambaya, na faɗa. Ta saurara tana gyaɗa kai. Ta ce, "Ashe ci-da-wuri ce. Kuma ashe Hausarki ta nuna, ɗiyata." Daga nan sunan ya fito.

Bayan magariba, da baƙi suka watse, ta hura gawayi kamar kullum, sai dai ba masara. Baba na gefe yana naɗe kujerun aro. Ba ta tambayi wa zai buɗe ƙofa ba, ta fara kawai, da muryar da za ta kai inda yake.

Wai wata tsohuwa ce ta ɗora buhun geronta a kan jaki za ta kai kasuwa, geron da ta noma da hannunta. Ashe ɓera ya huda buhun ta ƙasa. Tana gaba tana jan jaki, gero na zuba a baya, kaji na bi. Ta wuce ɗanta, ya gani, ya durƙusa ya ce a dawo lafiya. Ta wuce surukarta a bakin rijiya, ta gani, ta rufe fuska da mayafi don kunya. Duk wanda ta wuce sai ya cire takalmi ya gaishe ta, ba wanda ya ce juya ki duba. Wata bare ce kaɗai, daga ƙetaren rafi, ta yi ta ɗaga mata hannu tana ihu da wani yare, tsohuwa ta ɗauka gaisuwa ce. Da ɗan ya ga buhu ya kusa ƙarewa, sai ya zaga ta bayan gari ya sayo gero ya musanya buhun tana sallah. Tsohuwa ta isa kasuwa, mutane suna ta yaba geronta. Ta ɗebo a tafi ta duba, ta ga ba irin gonarta ba ne.

Sani ya ce, "Sai me ya faru?"

Kaka ta ce, "Sai ta gane a garin nan ba a ɗauke ta mutum ba. Jariri ake yi wa haka, a ba shi cokali ya yi wasa a ce ya yi tuwo. Sai ta kama jakinta ta nufi inda in ta yi kuskure za a ce mata ta yi. Nan tatsuniya ta tsaya, ni ma na tsaya."

Baba ya ajiye kujerar da ke hannunsa ya zo ya durƙusa. Ya ce, "Inna, don girmanki muka yi." Ta ce, "Na ga girman, a ɗakin wanki kuka aje shi. Ka nemo min jirgi."

Ya roƙe ta, ya turo dattawan masallaci suka roƙe ta, Mama ta yi kuka da jaririya a hannu. Ko gezau. Kafin sanyi ya shigo ta tafi. Ranar da za ta tafi ta kai wa Mis Lusil ragowar daddawarta, suka rungume juna a kan shinge. Daga nan ba a sake hura gawayi don tatsuniya a gidanmu ba. Sani ya manta ɗan abin da ya iya na Hausa, ƙanwata kuwa ba ta san kakarta ba sai a hoto.

Na girma ina juya tatsuniyar nan a raina. Da fari na ɗauka darasinta shi ne a faɗi gaskiya, shi ke nan. Daga baya na gane abin ya fi haka. Wanda aka daina gyara masa kuskure, an riga an cire shi daga lissafin mutane, ko da ana durƙusa masa safe da yamma. Baba har gobe cewa yake ladabi ya yi, kuma na san da zuciya ɗaya yake faɗa. Wannan ne ma ya fi ba ni haushi.

Shekaru suka wuce yana kiranta a waya duk Juma'a. Kullum amsarta ɗaya, lafiya lau, sai godiya. Ashe ta daɗe a kwance, ƙafafu sun kumbura, ba ta ko iya tashi. Ta tara 'yan uwa ta hana su faɗa masa, ta ce babban mutum ne yanzu, kada a tayar masa da hankali. Su ma suka yi mata biyayya, in ya kira su ce tana gona ko tana barci. Ban sani ba ko ramuwa ta yi, ko kuwa ita ma tausayin ne ya kama ta irin wanda ya kama shi. Na yi fushi da shi, na yi fushi da ita, har yanzu ban gama ba.

Wata Asabar da safe wayarsa ta yi ƙara muna karin kumallo. Ƙanensa ne daga ƙauye. Baba ya saurara, sannan ya ce a jira shi, yanzu zai nemi jirgi. Aka ce masa ai tun jiya aka kai ta makwancinta.