Sadao da Waken da Aka Hana Shi

Gidan giyar shinkafa na Oyanagi bai taɓa wuce tukwane shida ba, tun da kakan mai gidan ya gina shi a bakin wata maɓuɓɓuga cikin duwatsun Akita. Nan Kurihara Sadao ya shiga aiki yana da shekara goma sha takwas, nan kuma furfura ta same shi yana shugaban masu dafa giya.

Abu ɗaya ya tsaya masa a rai duk tsawon shekarun nan: natto, waken nan mai yauƙi da warin daddawa. Sadao na matuƙar son sa. Amma dokar sana'ar ta hana mai dafa giya ya ci shi lokacin aiki, don ko ɗan burbushinsa ya shiga ɗakin tsima shinkafa, aikin shekara ya lalace. Da can aikin na hunturu ne kawai, yakan fanshe haushinsa da bazara. Sai mai gida ya sayo injin sanyaya ɗaki, aiki ya koma ba hutu. Kowa ya ce an ci gaba. Sadao kuwa ranar har hawaye ya yi.

Shekara ashirin da bakwai bai ɗanɗana ba. Matarsa Fumie ma ya hana ta, tunda ita ke wanke masa kayan aiki. Giyar Oyanagi ba ta taɓa ɓaci ba, shi kuwa ya cika gari da cewa haƙurin gidansa ne ya jawo.

Makon da ya ajiye aiki, kafin a kai ga sayo waken, ƙirjinsa ya riƙe. Likita ya ɗora shi kan maganin tsinka jini.

"Baba, ka ci duk abin da ranka ke so," in ji likitan, "ban da natto. Ba sa shiri da maganin nan."

"Har yaushe?"

"Har abada, Baba."

A motar komawa gida, Fumie ta dafa gwiwarsa.

"Haba Baban Keiko, ba ka yi asarar komai ba. Na zamanin nan duk lami ne, ko rabin daɗin na da bai kai ba."

Ya juyo a hankali. "Ke a ina kika sani?"

Ta gyara zaman jakarta a cinya, ta kalli taga.

"Gidan ƙanwata. Kullum da safe, in ka fita aiki."