Ranar da Barewa Ta Ɗora Hannu a Ka

Kakata Iya ba ta fara tatsuniya sai ta kwashe tuwo ta gyara wutar murhu. Mu jikoki mu kewaye ta, ni kuwa kullum ina ɓangaren tukunya saboda ƙanzo. "Kai mijin banza, matsa," in ji ta. "Ga ta nan tafe, wanda ya yi gyangyaɗi babu maimai."

Wadda na fi so ita ce ta barewa. Wai zaki ya hana ƙananan dabbobi shan ruwan tafki, sannan ya shirya tsere don a yi masa biki. Barewa ta yi wa kowa fintinkau. Da aka kira ta karɓar kyauta, sai ta tsaya gaban sarki ta ɗora hannu a ka.

"Iya, barewa tana da hannu?"

"A tatsuniyata tana da shi, sarkin surutu."

Har gwada mana take yi, mu yi ta dariya, don a kan wannan take ranƙwashinmu, wai mai ɗora hannu a ka mutuwa yake kira wa gida. "To ai an yi mutuwar," ta ce. "Ƙishirwa ta kashe 'ya'yan zomo. Kunyar idon jama'a ce ta sa zaki ya buɗe tafki."

Yanzu a Guangzhou ta ƙasar Sin nake, ina saro tufafi a kasuwar Guangyuan ina aikawa Kano. Bara 'yata Rumasa'u ta zo gasar tsere ta ƙasashe a nan garin. Ana gobe gudu ta same ni a shago. "Baba, idan na hau dandamali zan yi irin na barewa, saboda 'yan matan ƙauyenmu da aka rufe wa makaranta. Za su iya korata daga tawaga."

Na so in hana ta, amma da bakina na ba ta labarin.

Ta zo ta biyu, ta hau, ta ɗora hannu a ka. Sinawan da ke kusa da ni suka yi ta tafi, sun zaci murna ce. Mu 'yan Kano da 'yan Maraɗi kuwa muka miƙe tsaye shiru. Kafin magariba hoton ya zaga gida.

Ina yaro ƙafar barewa ce ke burge ni. Sai a filin nan na gane cewa mai sauri kowa ke kallo, kuma wannan kallon amana ce.

An dakatar da Rumasa'u, makarantar kuma an buɗe ta bayan damina. Na buga mata waya in lallashe ta, na ji hayaniyar yara a bayanta, ashe tana makarantar tana koya musu gudu.

"Baba, sai anjima," ta ce tana haki. "'Yan aji ɗaya na neman tsere mini."