Anti Lamba da 'Yan Ukun Saman Bene

A asibitin, Anti Lamba kowa yake kiran ta, har likitocin da suka girme ta. Ofishinta yana ƙasan bene, daidai ƙarƙashin ɗakin haihuwa. Ɗan ɗaki ne mai taga ɗaya, da tsohuwar fanka mai ƙugi, da kantoci cike da fayil har rufi. Aikinta ta karanta abin da likita ya rubuta a kan majinyaci, ta mayar da shi lamba, ta shigar a kwamfuta. Kowace cuta da lambarta, kowace matsalar haihuwa da tata. Da lambobin nan asibiti yake sanin abin da ya fi damun mata, da abin da ya kamata a tanada.

Ba wannan ta so zama ba. Tana budurwa makarantar ungozoma ta shiga. Ranar da aka fara kai su kallon haihuwa, tana ganin jini ƙasa ta juya mata. Ta farfaɗo a gadon da ke kusa da na mai jegon, ana yi mata fifita. Aka sake gwadawa, ta sake zubewa. Malamarsu ta dafa ta, ta ce, "'Yata, zuciyarki na so, ƙafafunki ne suka ƙi." Ita ta nema mata gurbi a wajen fayil. Nata 'ya'yan ma a wani asibiti ta haife su, ido a rufe. Matakalar saman nan kuwa ba ta taɓa takawa ba.

Sai dai saman yana saukowa gare ta. Takan ji gurnanin gadon da ake turawa, da sassarfar nas-nas, sai shiru, sai wani siririn kuka ya ratso rufi. Nan take takan ajiye biro ta lumshe ido. Fayil ɗin tagwaye ya fi ɗauke mata hankali. In ta karanta cewa igiyar cibiya ta harɗe, sai ta hango yara biyu cikin ruwa mai ɗumi, suna juyi a hankali kamar masu rawa cikin barci, igiyoyinsu na lilo, wannan ya ratsa ta ƙarƙashin ta wancan bai ma sani ba. Takan daɗe a can, har shayinta ya huce.

Lambar tagwaye tana da wutsiya: a ƙarshenta dole a nuna wane yaro abin ya shafa, na farko ko na biyu. Wata safiya fayil ɗin 'yan uku ya sauko, duka mata. Igiyar cibiyar jaririya ta farko ta riga ta fitowa, aka ruga da uwar tiyata. Wannan a fili yake. A ƙasa likita ya ƙara da cewa igiya ta naɗe wuyan ɗaya, bai ce wacce ba. Ta kira shi, ashe ya tafi hutu, wayarsa a kashe. Akwai lambar da ake sawa in ba a sani ba, amma hannunta ya ƙi. Ya za a ce yarinya ta sha wannan gwagwarmaya, a rubuta ba a san wacece ba?

Ta rungumi fayil ta hau, tana riƙe ƙarfen matakala.

Babbar ungozomar da ke bakin aiki 'yar ajinsu ce ta da. Tana hango ta ta tafa hannu. "Yau wace rana! A kawo kujera kafin baƙuwa ta faɗo mana."

"Ke dai ba kya tsufa da tsiya," in ji Anti Lamba. "Tambaya ce ta kawo ni."

"Ni na karɓe su a hannun likita. Zo ki gani da idonki, babu jini, na yi miki alkawari."

Ɗakin fari tas, labule na motsi, rana ta kwanta a kan gadaje. Uwar, yarinya ce ƙarama, tana jingine da filo. Jarirai biyu na cikin kwalbar ɗumama su suna barci, ɗaya na ƙirjinta.

"Wannan ce, ta tsakiyar," in ji ungozoma. "Zagaye biyu a wuya. Da sarƙarta ta zo, 'yar gayu."

Uwar ta yi dariya tana dafe ciki. "Anti, karɓe ta mana, hannuna ya gaji."

Kafin ta yi magana an ɗora mata. Ba nauyi, kamar an miƙo mata ɗumi a cikin tawul. Ta dubi ɗan wuyan, ba tabo, ba komai. Jaririyar ta miƙa hannu cikin barci, ta damƙe igiyar katin aiki da ke rataye a wuyan Anti Lamba, ta ƙi saki.

"Kin gani ko?" in ji ungozoma. "Ta saba da igiya."

Anti Lamba ta zauna a bakin gado. Ba jiri ta ji ba, wani sanyi ne ya sauko mata tun daga kafaɗa. Ta daɗe a haka, har aka zo duba uwar. Da ta koma ƙasa, ta sa biyu a wutsiyar lambar.

Daga ranar, in an tashi cin abincin rana sai ta hau ta zauna a bencin baranda, ta yi wa masu jego sannu. A nan wata kaka mai jiran jika ta koya mata saƙa. Hular farko ta fito kamar buhu, mijinta ya ce a ajiye masa ya riƙa zuba makullai.

Yanzu ta yi ritaya. Tana zaune a tsakar gida da kwandon ulu, jikokinta na warware mata zare tana yi musu faɗan da ba ya kai zuci. Duk ƙarshen wata takan kai huluna asibiti. Ungozoma kan ce sun yi wa jarirai girma, ita kuma ta ce a bar su, kai ai girma yake yi.